Inda na kai da gajeren fim ɗin kaboyi marar magana

Salamu alaikum, 'yan uwa masu koyon haɗa fim da waya. Aikin nan nawa na bin salon fina-finan kaboyi na farko ya ɗan matsa gaba.

Fim ɗin da nake nazari shi ne Broncho Billy and the Baby na 1915, na kamfanin Essanay, wanda ke ɗaukar fina-finansa na kaboyi a Niles, jihar Kalifoniya. Gilbert M. Anderson ne Broncho Billy, mutumin da ya fito a The Great Train Robbery tun 1903. Faifai ɗaya ne, tsawon zaren fim ɗin wajen ƙafa 1000, minti goma sha wani abu. Labarin ba yawa: ɗan bindiga ne da ƙaramar yarinya ta shigo hannunsa.

Maganar sauri ce ta fi cin lokacina. Da hannu ake juya kyamarar zamanin, galibi hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa, sai da fim mai sauti ya zo a ƙarshen shekarun 1920 aka tsaya a kan 24. Shi ya sa in aka kunna tsohon fim a 24 za ku ga mutane na zabura kamar sun taka garwashi, har abin tausayi ya koma abin dariya. Da na sauke kwafina zuwa 18, sai ga ɗan wasa mai natsuwa. Duk laushin zuciyar kaboyin a motsin jikinsa yake, kuma saurin nan ne ke cinye shi. Don Allah kada ku yanke wa waɗannan 'yan wasa hukunci kafin ku gyara saurin.

A nawa ɗaukan, na kafe waya wuri ɗaya, nesa kaɗan, yadda za a ga mutum daga hula har takalmi. 'Yar ƙanwata ce yarinyar. Wahalarta ɗaya, kallon kyamara, sai da na ba ta 'yar tsana ta riƙe sannan ta mance da ni.

Launi kuwa, cire kala kawai bai isa ba. Fim ɗin lokacin ba ya jin ja, don haka ja kan fito baƙi, sararin sama kuma fari fat. Na duhunta ja, na haskaka shuɗi, na rina wuraren dare da shuɗi kamar yadda suke yi.

Saura allunan rubutu, wato rubutun da ake nunawa tsakanin hotuna a madadin magana. So nake kada su wuce huɗu, amma wurin da iyayen yarinyar za su gane ko wane ne baƙon nasu, wato ɗan bindigan, ya ƙi fita ba rubutu. Wanda ya taɓa warware irin wannan da motsi kaɗai, ya taimaka min da dabara.