Dutsen da na riƙa kawowa gida

A 2009 na jingine fartanya na shiga ramin gwal, kamar yawancin magidantan ƙauyenmu a ƙasar Anka. Kada wani ya ce kwaɗayi ne. Idan rami ya yi kyau, abin da nake samu a mako guda ya fi kuɗin geron da nake girbewa a damina sukutum.

Fargabata duk a kan ruftawar rami take. Da na fito sai in ce alhamdulillahi, in ɗora buhun dutse a babur in nufi gida. A tsakar gida muke farfasa shi da guduma, uwargida ta taya ni da turmi, a kai injin niƙa, irin wanda ake niƙa dawa da shi. Garin kuwa a tabarma muke shanya shi, daf da inda 'yata mai shekara biyu take wasa tana cusa hannu a baki. Ni ma in na dawo da rigata fari fat da ƙura, ita ce ta farko da nake sunkuta.

Agwagi ne suka fara mutuwa, ba wanda ya kula. Sai yara suka soma amai da jijjiga. Wasu suka ce masassara, wasu suka ce iska. Na karɓo rubutu, na yi hayaƙi. Maƙwabcina ya binne biyu cikin wata ɗaya.

A 2010 likitocin ƙungiyar agaji ta ƙasa da ƙasa da ake kira MSF suka zo suka ɗebi jinin yara. Wani ma'aikacinsu ya tambaye ni, "Malam, a ina kuke niƙa dutsen nan?" Na ce a gida. Ya yi shiru, sannan ya ce dutsen yankinmu haɗe yake da dalma, ƙurarsa ce ke shiga jikin yara ta taɓa ƙwaƙwalwa. Yara kusan 400 aka rasa a Zamfara, a garuruwa irin su Dareta, Abare, 'Yargalma da Bagega. Sai da aka kankare ƙasar gidajenmu aka zuba sabuwa kafin maganin da likitocin ke ba yara ya yi amfani, don yaron da ya koma kan ƙasar dā sake kwasa zai yi. Mutanen Bagega ma sai 2013 aka kai gare su.

Na koma rami, ba zan ɓoye ba, har zuwa lokacin da gwamnatin tarayya ta hana haƙa a 2019. Amma dutse bai sake ƙetare zaurena ba. A can daji nake barin kayan aiki, in yi wanka, in sauya riga da takalmi. Tsohon turmin na haƙa rami na binne.

'Yar tawa ta rayu, yanzu budurwa ce. Sa'o'inta sun gama sakandare, ita har yau in aka aike ta kanti sai ƙaninta ya bi ta don ya ƙirga canji.