Firam ɗaya da ya cinye mini kuɗin sutudiyo a Landan

Duk mai shirya kiɗa wa talabijin a Birtaniya ya san firam 25, wato hotuna 25 a jere, ake haskawa a kowace daƙiƙa, sinima kuwa 24. Sanin bai hana ni shiga uku ba, domin kwafin shirin da ofishin editoci ya aiko mini na 24 ne, kuma ba wanda ya ce uffan.

A kansa na gina komai. Na ɗauko masu goge muka yi zama na awa 3 bisa ƙa'idar Musicians' Union, wato ƙungiyar makaɗan Birtaniya, aka biya su, aka biya sutudiyo. Sai a ɗakin haɗa sauti aka ɗora kiɗan a kan hoton gaskiya mai firam 25, wanda ya fi kwafina gudu. Farkon kowane yanki daidai yake, amma kafin minti ɗaya hoto ya tsere wa kiɗa da daƙiƙa 2.4. A yanki mai minti 3, wata mata a cikin shirin ta rufe ƙofa ta fice, bugun da na tanadar wa rufe ƙofar bai iso ba sai bayan daƙiƙa 7. Har yau in na tuna raina ɓaci yake.

Abin da aka kaɗa da kwamfuta gyaransa ba wuya, bugu 96 a minti ka mayar da shi 100, shi ke nan. Na 'yan Adam ne matsalar. In ka ƙara masa gudu kai tsaye, murya ta ɗaga, ya daina jituwa da sauran kayan kiɗa. In ka matse shi da manhaja don kada muryar ta ɗaga, dogon jan goge sai ya riƙa rawa kamar ana kaɗa shi cikin ruwa. Abin da ya cece ni shi ne kowane rukunin makaɗa na ɗauke shi daban, don haka na yanyanka a wuraren da makaɗa suka ɗan tsaya. Yankuna biyu dai sai da aka sake ɗauka, daga aljihuna.

Yanzu ba na taɓa aiki sai edita ya rubuto mini adadin firam, rubutu ba baki ba. Hoton ya zo da lambar lokaci a jikinsa, mai nuna awa da minti da daƙiƙa da firam, shirin ya fara a 10:00:00:00 yadda gidajen talabijin na ƙasar suke so, sauti kuwa a ma'aunin ɗauka na 48 kHz. Sannan in duba lambar da ke kan hoto da ta manhajata, a farko da kuma a minti na ƙarshe. A farko kullum suna daidai, shi ya sa ake ruɗuwa. In na ƙarshen suka saɓa ko da firam ɗaya, ba na kiran makaɗi ko ɗaya.