Daga Maraɗi zuwa Guangzhou: yadda sabon zuwa zai hau jirgin ƙasa a Sin

Mutumin Maraɗi da ya sauka Guangzhou da niyyar zama, ko fatauci ne ya kawo shi ko karatu, galibi bai taɓa sa ƙafa cikin jirgin ƙasa ba. Layin dogon Yamai zuwa Dosso bai taɓa fara jigila ta yau da kullum ba, na Kano zuwa Maraɗi kuwa, mai kilomita 284, a 2021 aka aza harsashinsa. A Sin kuma jirgin ƙasa shi ne ƙafar kowa. A 2008 suka buɗe layin Beijing zuwa Tianjin, mai gudun kilomita 350 a awa, kafin ƙarshen 2023 tsawon layukan jirage masu gudu ya kai kilomita 45,000. Mu da muka riga ku zuwa, kullum muna ganin 'yan'uwa suna asarar kuɗi da lokaci a kan abubuwan da bayani kaɗan zai raba su da su.

A fara da metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, tunda shi za ka fara hawa. Kowane layi da lambarsa da launinsa. Daga filin jirgin sama na Baiyun ka hau layi na 3, ka sauka Jiahewanggang ka koma layi na 2. Shi ne ke ratsa unguwar Sanyuanli. In Xiaobei za ka, unguwar da 'yan Afirka suka fi yawa, ka sauka a Guangzhou Railway Station ka shiga layi na 5, tasha ɗaya ce tal. Kasuwar baje koli ta Pazhou tana kan layi na 8. Kuɗin shiga yana farawa daga yuwan 2, wajen sefa 160, yana ƙaruwa da nisa. In a na'ura ka biya, za ta ba ka ɗan kwabon roba: ka goga shi a ƙofa wajen shiga, ka jefa shi a rami wajen fita. Mai zama ya nemi katin biyan kuɗin sufuri na Yang Cheng Tong ko ya ɗaura biyan a Alipay, manhajar biyan kuɗi ta waya, ya huta da bin layi.

Abu biyu ke ɓatar da baƙo a metro. Allon ba ya cewa gabas ko yamma, sunan tashar ƙarshe yake nunawa, saboda haka ka riƙe sunan bakin layin da ka nufa. Sannan ƙofofin fita suna da haruffa, A, B, C, D. Duk wanda ya ba ka adireshi, tambaye shi harafin ƙofa, don in ka ɓulla ta wata ƙofar, sai ka tarar da babban titi mai shinge tsakaninka da inda za ka.

Jirgin da ke fita gari shi ne mai wuyar sha'ani. Harafin da ke gaban lambarsa ke faɗin irinsa: G ya fi kowa gudu, D na biye da shi, C na garuruwan kusa ne, K da T da Z kuwa su ne na da, masu araha, masu gadon kwana. Ana sayen tikiti a manhajar 12306, wadda ke da sashen Turanci, kuma ana buɗe sayarwa kwana 15 kafin tafiya. Ba takarda za a ba ka ba. Fasfonka shi ne tikitinka, da shi za ka shiga, da shi za ka fita. Don haka, Alhaji, wajen yin rajista ka zauna ka kwafe sunanka harafi bayan harafi yadda yake a fasfo. Sunayenmu suna da tsawo, wani Mahamadou, wani Mahaman, wani Maman, kuma harafi ɗaya in ya kauce, tantancewar ba za ta wuce ba sai ka je tagar sayar da tikiti an gyara. Wanda ya sabunta fasfo, lambarsa ta canja, ya sake rajista kafin ya sayi sabon tikiti. Hoton fasfo a waya ba ya shigar da kowa.

Sai babbar matsalar: Guangzhou ba tasha ɗaya gare ta ba. Akwai Guangzhou kawai, wato tsohuwar tasha, akwai Guangzhounan ta kudu, inda mafi yawan masu gudu ke tashi, akwai Guangzhoudong ta gabas, ga kuma Guangzhou Baiyun da aka buɗe a ƙarshen 2023. Daga tsohuwar tashar zuwa ta kudu ya fi rabin awa a metro. Wanda ya je wata ya tarar jirginsa a wata yake, da wuya ya cim masa. Karanta sunan tashar har ƙarshensa.

Mu mun saba da tashar mota, inda ake jira sai ta cika, direba ya san ka, yaron mota ya ɗaga maka ƙafa. Nan jirgin 8:05 ƙarfe 8:05 yake tashi, kuma ana rufe ƙofar shiga wajen minti biyar kafin nan. Baƙo ya iso da saura awa guda. Za a duba fasfo, a saka kaya a na'urar bincike, sannan ka nemi lambar jirginka a babban allo ka ga ƙofarka. In na'urar ƙofa ta ƙi karanta fasfo, ka bi layin gefe inda ma'aikaci ke tsaye. A tashoshin hanya sau da yawa tsayuwar minti biyu ce ko ƙasa da haka, sai ka haɗa kayanka tun ana sanarwa.

Kayan babba kilo 20 ne, kuma a jirgi mai gudu tsawo da faɗi da kaurin jaka in an haɗa kada su wuce santimita 130. Dilar atamfa da kwalayen takalma ba nan ne wurinsu ba, a ba masu kago, wato masu jigilar kaya. Kwalbar turare kada ta haura mililita 100, wuƙa mai tsawon baki za a karɓe ta. Taba kuwa, ko a ban-ɗaki aka kunna ta na'ura za ta yi kuka, jirgi ya rage gudu, a ci mutum tara, har a hana shi hawa na wani lokaci.

A aji na biyu kujeru A, B, C ne a gefe ɗaya, D da F a ɗayan, babu E. A da F su ne bakin taga. Akwai ruwan zafi kyauta a cikin jirgi, ka riƙo ganyen shayinka da guzurin halal. Mai doguwar tafiya irin ta zuwa Yiwu, garin sarin kaya, wadda za ta haɗa da azahar da la'asar, ya tambayi malaminsa hukuncin sallar matafiyi tun yana gida.

In tafiya ta fasu, ka mayar da tikiti da wuri. Saura kwana takwas ko fiye, ba a cire komai. Saura awa 48 ko fiye, amma ƙasa da kwana takwas, a cire kashi 5 cikin ɗari. Tsakanin awa 24 da 48, kashi 10, ƙasa da haka kuma kashi 20. Wanda jirgi ya bari ya garzaya tagar sayar da tikiti a ranar, ana iya mayar da shi wani jirgin in akwai kujera. Lokacin sabuwar shekarar Sinawa, a Janairu ko Fabrairu, da makon farko na Oktoba, kujeru kan ƙare da zarar an buɗe sayarwa. In kana da kayan da za ka duba a Yiwu, ka gama kafin lokacin ko ka bari sai an dawo hutu.