Ranar da na sayo wa Inna fanka

Asabar, bayan sallar isha'i

Daren jiya ban runtsa da kyau ba saboda Inna. Tun ranar Talata da ƙanena ya kawo ta daga Wurno don ganin likita kan hawan jini, ta ce ba za ta kwana a uwar ɗaka ba, numfashinta sarƙewa yake yi. Sai muka shimfiɗa mata katifa a falo. Falon namu babba ne, ƙafa 22 a tsawo, 16 a faɗi. Wanda ya gina gidan ya yalwata shi don baƙi, amma ya tauye shi a wajen taga: biyu ne kacal, duk a bangon yamma inda ranar la'asar ke duka. Ga rufin kwano, ga silin a ƙasa-ƙasa.

Wajen ƙarfe 2 na dare na fito shan ruwa, na tarar da ita zaune tana fifita da maficinta, fankar sama kuwa na ta juyawa. Da yake ni ne ɗan fari ba ta kama sunana. Cewa ta yi, "Kai yaron ga, kashe abin ga, wuta shika zubo min." Na ɗaga hannu sama na ji da kaina. Gaskiyarta. Zafin da kwano ya sha tun safe yana nan maƙale a ƙarƙashin silin, fankar kuma shi take tunkuɗowa kan tsohuwa. Na kashe, na zauna ina yi mata fifita har ta kishingiɗa.

Da hantsi na ɗauko tsohuwar fankar tebur ɗinmu, wadda sai an tura fuka-fukanta da tsinke kafin ta tashi, na hau kabu-kabu daga Mabera zuwa wurin wani dattijo mai gyara a gefen Tsohuwar Kasuwa. Ya kwance bayanta, ya kai hanci ya shinshina, ya girgiza kai. Ya ce rashin tashi da kanta ciwon kafasita ne, ɗan abin da ke ba injin ƙarfin tashi, wannan abu ne mai sauƙi, amma koyil, wato naɗaɗɗiyar wayar cikin injin, ya fara ƙonewa, ƙurar hunturu ta cushe ko'ina, mai ya bushe, ita kuma ta yi ta fama da wuta marar ƙarfi. Ko ya gyara ba za ta ga damina ba.

Na ce to, Baba, wace iri zan saya da za ta sanyaya babban falo?

Ya ajiye sukudireba ya dube ni. "Malam, hwanka ba ta sanyaya ɗaki. Mutum taka sanyayawa. Wa za shi kwana gabanta?"

Maganar nan ita ta sauya mini lissafi. Ni da na fito ina auna ƙafa 22 a kaina, ashe abin da ya kamata in auna shi ne tazarar da ke tsakanin taga da katifar Inna. Fanka iska kawai take turawa, iskar ta busar da zufar jiki, shi ne sanyin da ake ji. A bar ta tana juyawa a ɗakin da ba kowa, ba abin da za ta rage, injinta ma ɗan ƙara ɗumi yake yi. Dattijon ya ƙara mini da abu biyu. In mai aiki da wutar gida ce zalla, in ɗaga ta in ji nauyi, don koyil na jan ƙarfe, wanda suke ce wa kofa, ya fi na alminiyam nauyi da jure zafi. In kuma mai caji ce, kada nauyi ya ruɗe ni, yana iya zama na batir ne. Bai karɓi ko sisi ba. Allah ya saka masa da alheri.

Daga nan na wuce titin Emir Yahaya. Rana ta take, wayata na nuna digiri 43, kwalta har wani ƙyalli take yi. Duk shagon da na leƙa fankoki ne jere a bakin ƙofa, kowa ya san Afrilu kasuwarsu ce. A shago na uku na tsaya. Ina faɗin babban falo sai Alhaji mai shagon ya sa yaro ya jawo wata ƙatuwa mai fuka-fukan ƙarfe, inci 18, aka kunna. Iska kam ba a magana, har hulata ta nemi tashi. Amma ƙararta kamar injin markaɗe. Wannan ta masallaci ce ko gidan biki. Mai hawan jini da ke neman barci ba za ta kwana kusa da ita ba. Kuma da an ɗauke wuta ta zama kayan ado, alhali a unguwarmu an fi ɗaukewa a daidai lokacin da ake bukata.

Na ce a fito mini da masu caji. Aka kawo inci 12 da inci 16. A nan na ɓata lokaci, kuma ban yi nadama ba. Na roƙi a ɗora kowace a kan benci, na ciro hankici na riƙe shi da yatsu biyu, ina ja da baya taku-taku. Ƙaramar, daga taku 3 hankicin ya daina motsi. Mai inci 16 kuwa har taku 6 yana kaɗawa. Sai na sa aka mayar da ita lamba 1, na kara kunne. Mutane kan gwada fanka a lambar ƙarshe, alhali a ta farko za a kwana da ita, a nan ake gane mai ƙas-ƙas a wuya idan tana waiwaye. Wannan shiru take, sai hucin iska. Na kuma tura ɗan yatsa a ragar gaba don in ga ko na yara zai shiga. Bai shiga ba.

Sai maganar batir. A jikin kwalin an rubuta awoyi masu yawa, na tambayi Alhaji ko a wace lamba ke nan. Ya yi murmushi ya ce, "Ta ɗaya, Malam. In ka ƙure ta, raba biyu ko hiye." Na ji daɗin gaskiyar da ya faɗa. Batirinta litiyam ne, ya fi irin na da sauƙin nauyi da daɗewa, kuma ana iya kwance shi a sa wani in ya gaji. Wannan ya fi komai muhimmanci a wurina, don zafin Sakkwato cin batir yake yi, na ga gidaje da yawa da fanka lafiyayya ke jingine a lungu saboda batir kawai. Tana da kafar sola mai bolt 12 a baya, kuma cin wutarta bai kai rabin na fankar sama ba. Faifan solar dai sai wani watan, in albashi ya shigo.

Mun ja ciniki sosai. Ya ce albarka har sau uku, na yi kamar zan tafi, ya kira ni. Na sa ya rubuta mini rasit da sharaɗin in ta ba da matsala cikin mako zan dawo da ita. Na rungumo kwalin a Keke Napep har gida.

Na iso ana kiran la'asar, falon kamar tanda. Yara suka yi caa a kan kwali, kowa na son a kunna a gabansa. Maman yara ce ta tuna mini abin da na manta: jikin mutum digiri 37 ne, in iskar ɗaki ta wuce haka, fanka iskar zafi za ta yi ta watsa wa mutum, ta ƙara busar da shi, balle tsoho da ba ya zufa sosai. Ta jiƙa tsohon zane ta matse, ta rataya a bayan kujera tsakanin fankar da katifa, nesa da wayar wuta, ta kuma shafa wa Inna ruwa a hannu da ƙafa. Nan da nan iskar ta sauya. Hikimar randa ce, wadda ruwa ke tsattsafowa ta jikinta iska na busarwa, na ciki ya yi sanyi. Yanzu da iska ke bushe ƙamas abin na ci sosai. In hadari ya fara haɗuwa aka shiga gumi, ba zai yi tasiri haka ba. Muka ajiye mata kofin ruwan randa a gefe, ina ta yi mata naci ta riƙa kurɓa ko ba ta jin ƙishi.

Bayan magariba, da na ji waje ya fi ciki sauƙi, sai na buɗe tagogin duka da ƙofar da ke fita tsakar gida. Na ɗora fankar a teburi daidai bakin taga, ta ba wa tagar baya, na ɗan sunkuyar da kanta. Ta haka take jawo iskar waje, ta bi ta kan katifa, mai zafin ta fice ta ƙofa. Na gwada barin ta tana waiwaye, sai na ga rabin iskar bango take duka, na danne maɓallin ta tsaya wuri ɗaya. Inna ta ce kada a saita mata a fuska, mura take sa ta, sai na karkata ta wajen ƙafafu. Can ƙarshen falon inda talabijin yake har yanzu da zafi, ban damu ba, ba mai kwana a can.

Ta daɗe tana kallon fankar, sannan ta ce, "Nawa ka kashe ga abin ga?" Na ce kaɗan ne, Inna. Ta ce, "Allah shi yi ma albarka, shi ba ka masu yi maka." Na ce amin, na fita tsakar gida don kada ta ga idona.

Yanzu ƙarfe 11 saura. An ɗauke wuta tun ɗazu, unguwa ta yi duhu, ana jin janareta ɗaya daga nesa. Fankar ba ta ko yi tari ba, ta koma kan batir. Na leƙa da fitilar waya: Inna ta yi barci, maficin ya zame daga hannunta yana kan tabarma, autarmu ta lallaɓo ta kwanta a bayanta. Ragar taga ɗaya ta yage daga ƙasa, na toshe da tsumma saboda sauro. Gobe in Allah ya kai mu zan nemo kafinta.