Sidi 60 da suka ci mini jirgi

Wata bakwai na yi ina harhaɗa shi a bayan shagon waldarmu a Suame Magazine, unguwar makanikai da ke Kumasi, kullum bayan an tashi aiki. Jirgin rimot ne mai kilo 2, batirinsa sel shida, kuma ba abin da na sa a gaba sai gudu. Kilomita 200 a awa nake hari.

Wajen sayen sarbo, ɗan injin nan da ke motsa leɓen fiffike, rowa ta kama ni. Mai haƙoran ƙarfe ya ɗara na roba da sidi 60. Na ɗauki na roba. Masta, maigidan shagonmu, ya sa yatsa ya taɓa leɓen, ya ga yana ɗan lilo, ya ce, "Ɗana, abin da ke rawa a ƙasa, in ya hau sama fa?" Na ce, "Masta, ai bai kai kaurin farce ba."

Ranar Lahadi muka ɗora jirgin a aboboya, babur ɗin nan mai ƙafa uku na ɗaukar kaya, zuwa wani fili ta hanyar Ejisu, nesa da filin jirgi. Da rabin wuta lafiya lau. Sai na cilla shi sama, na sunkuyar da hancinsa, na ba shi wuta duka. Kawai na ji "firrrr", kamar ana jan ƙusa a kan kwano. Kafin in sassauta, leɓen ya tsinke. Abin haushin, na san lissafin sarai: gudu ya ninka biyu, ƙarfin iska ninkawa huɗu yake yi, kuma ɗan lilon nan shi iska ke kamawa ta yi ta kaɗawa har haƙoran su zube.

Jirgin ya yi ta juyi, ya wuce ta saman kan wata baiwar Allah mai ɗauke da itace, ya soke cikin gonar rogo. Kilo 2 a gudun kilomita 200 a awa daidai yake da dutse mai wannan nauyin da aka sako daga sama da mita 150. Har yau in na tuna matar nan jikina sanyi yake yi. Batirin ya fashe, ga hunturu, ciyawa ta kama. Da ganye da ruwan leda muka kashe. Mai gona ya karɓi abin da ya fi sidi 60 nesa ba kusa ba.

Duk mai shirin irin wannan, ya girgiza kowane leɓe da hannu kafin tashi, ya riƙa ƙara wuta kaɗan-kaɗan, in ya ji wannan ƙarar ya sassauta nan take. Ya kuma zaga filin da ƙafa tukuna, ni ban zaga ba.

Sarbon yana nan, Masta ya rataye shi a ƙusa saitin inda nake zama.