Kaurin katakon laminet: milimita 8 ko 12?

A gidajen Abuja, inda galibi a kan daɓen siminti ake shimfiɗa katakon laminet (fallayen katakon da aka sarrafa a masana'anta don rufe ƙasan ɗaki), yanayin daɓen ne ya kamata ya yanke kaurin da za a saya, daga milimita 6 zuwa 12. Idan daɓen ya yi sumul, mai milimita 8 ya wadatar a ɗakin kwana. A falo kuwa na fi son mai 12, domin ba ya saurin lotsawa a inda simintin ya ɗan faɗa, kuma bai cika ƙara a ƙarƙashin takalmi ba. Jure karcewa dai lambar AC, wato ma'aunin ƙarfin saman katakon, ce ke nuna shi, kuma AC3 ta ishi gida. A auna ƙasan ƙofa tukuna, kada sai an gama shimfiɗa a nemi kafinta ya rage ta.