Wata uku kacal doka ta ba ka, su kuma sun sani

Duk wanda wata ma'aikatar gwamnati ta zalunta kuma yake tunanin zuwa kotu, don Allah ya fara ƙirga kwana tun ranar da abin ya faru. Ni wata hukumar jiha ce ta zo ta rushe mini gaban shago ta kwashe firij da janareta alhali takarduna cif suke, har resit ɗin haraji yana hannuna. Da na je ofishinsu wani oga ya karɓe ni da fara'a, Alhaji yi haƙuri kuskure ne, rubuto takarda za a duba. Na rubuta. Daga nan sai dawo mako mai zuwa, oga ya yi tafiya, fayil ɗinka na kan teburin darakta, an kafa kwamiti, haka dai ake ta yi mini yawo da hankali ni kuma ina ganin tunda ana magana ta lalama ai ba sai an kai ga lauya ba.

Ashe akwai wata doka tun ta zamanin Turawa, ta 1916, mai kare jami'an gwamnati, jihohi ma suna da irin tasu, sashe na 2 ya ce in za ka yi ƙarar jami'i ko hukuma kan abin da suka aikata a bakin aiki to cikin wata uku ne, in ya wuce shi kenan, ko kai ke da gaskiya kotu ba za ta saurare ka ba. Kuma duk zaryar nan da alkawuran baki ba sa tsayar da lissafin. Wallahi har yau in na tuna fara'ar mutumin nan raina ɓaci yake, don ya san dokar, ni ne ban sani ba.

Ranar da na ga lauya tambayarsa ta farko ita ce yaushe aka yi, da na faɗa sai ya ajiye biro ya ce Alhaji saura ƙiris. Domin dokar da ta kafa hukumar ta ce sai an ba su notis na wata ɗaya kafin a shigar da ƙara, kenan watan nan ma daga cikin ukun zai fita. A ranar ya rubuta, muka kai da hannu, aka buga mana hatimi da kwanan wata a kan kwafinmu. Wannan hatimin shi ya cece ni, saboda abu na farko da lauyansu ya kawo a kotu shi ne wai lokaci ya wuce, bai ko taɓa maganar firij ba.

Lauyana ya ce akwai inda dokar ba ta aiki, kamar rigimar mallakar fili ko kuɗin kwangila, amma kada ka dogara da wannan, bari lauya ya tantance maka. Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a ma tana nan tun 1975, kyauta ce kuma tana da ofis a kowace jiha, ka je, sai dai shawara take bayarwa ba hukunci ba, kuma wata ukun nan na ci gaba da tafiya kana can.

Alhamdulillahi alƙali ya ba ni gaskiya ya yanke diyya. Sai kuma ga sashe na 84 na dokar zartar da hukunci, wanda ya ce kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da amincewar Antoni Janar, wato babban lauyan gwamnatin da ka kayar. Mun rubuta neman amincewar, ita muke jira yanzu, kuma duk takardar da na kai wani ofis ba na fita sai an buga mini hatimi.